Ido a madadin ido: yadda malaman Yahudawa da na Kirista suka yi wa littattafansu tafsiri

Wani ɗalibi mai karatun kwatanta addinai ya aiko mini da wannan tambaya: "Malam, mu a tafsirin Alƙur'ani muna da usulu, kamar sababin saukar aya, da fassara aya da aya, da abin da aka ruwaito daga magabata. Shin Yahudawa da Kiristocin dauri su ma suna da ƙa'idoji, ko kowa abin da ya ga dama yake faɗa? Me ya sa kuma za su karanta aya guda, su yi hannun riga a kan ma'anarta?"

Ɗan'uwa, Allah ya ƙara basira. Suna da ƙa'idoji, a rubuce kuma a ƙirge, har sun yi ta jayayya a kansu kamar yadda malaman usulu suka yi. Saɓanin da kake gani yana tasowa daga abu biyu: wane nassi ne a gaban mai karatu, da kuma wace tambaya ya zo wa nassin da ita. In ka riƙe waɗannan biyun, yawancin abin da ke kama da son rai za ka ga yana da tsari.

Mu fara da abin da ke kan takarda. Ibrananci ɗan'uwan Larabci ne, a dā baƙaƙe kawai ake rubutawa ba wasali. Malaman da ake kira Masoret, waɗanda cibiyarsu mafi shahara take Tabariya, su ne suka sa ɗige-ɗigen wasali tsakanin ƙarni na 7 da na 10 na Miladiyya. Cikakken kwafi mafi tsufa na aikinsu an rubuta shi wajen 1008, yana ajiye a Rasha. Kafin nan mai karatu da bakin malaminsa ya dogara, kuma duk wanda ya taɓa karanta wasiƙar ajami marar wasali ya san abin da hakan ke jawowa. A Farawa, littafin farko na Attaura, 47:31 an ce Yakubu ya sunkuya a kan wani abu mai baƙaƙe uku. In ka karanta "mitta", gado ke nan. In ka karanta "matte", sanda ce. Masoret suka sa wasalin gado. Yahudawan Iskandariya da suka mai da Attaura Girkanci a ƙarni na 3 kafin Miladiyya sun karanta sanda, shi ya sa Wasiƙa zuwa ga Ibraniyawa 11:21 ta ce Yakubu ya jingina da kan sandarsa. Kiristocin farko galibinsu wannan fassarar Girkancin suke karantawa, malaman Yahudawa kuma suka tsaya a kan Ibrananci.

Wurin da wannan ya fi zafi shi ne littafin annabi Ishaya 7:14. Ibrananci ya ce "alma" za ta yi ciki ta haifi ɗa, wato matashiyar mace. Girkanci ya ce "fartenos", kalmar da ta fi karkata ga wadda ba ta san namiji ba. Matiyu 1:23 ya ɗauko lafazin Girkancin ya ɗora a kan haihuwar Yesu, wanda Musulmi ke kira Annabi Isa. Malaman Yahudawa suka ce a duba mahallin ayar: Ishaya da sarki Ahaz yake magana wajen 734 kafin Miladiyya, lokacin da sarakunan Suriya da Isra'ila suka haɗa kai suka tasar wa Urushalima, alamar kuma ta zamaninsa ce. Tun ƙarni na 2 ake wannan muhawara. Kai Bahaushe ba za ta yi maka wuyar fahimta ba, domin kalmarmu ta budurwa tana ɗauke da ma'anonin biyu, sai mahalli ya raba.

Amma in kana son ganin aikin malamai da idonka, ɗauki ayar da ka riga ka sani. Fitowa 21:24 ta ce ido a madadin ido, haƙori a madadin haƙori, hukuncin da Suratul Ma'ida aya ta 45 ta ce an wajabta musu a cikin Attaura. A zahiri ƙisasi ne. Sai dai Mishna, kundin fiƙihun da aka tattara wajen shekara ta 200 ƙarƙashin Rabbi Yahuda ha-Nasi, ta ce wanda ya ji wa wani rauni diyya zai biya, kuma ta fuska biyar: asarar gaɓar, raɗaɗin da ya sha, kuɗin magani, kwanakin da ya yi bai fita nema ba, da tozarcin da ya same shi. Ta yaya aka tashi daga ido aka sauka a kan kuɗi?

Talmud na Babila, kundin muhawarar malaman Yahudawa a kan Mishna, bai ɓoye hanyar ba, ya jero hujjojin ɗaya bayan ɗaya. Ta farko, a Littafin Firistoci sura 24 an yi amfani da kalmar "bugu" ga wanda ya kashe dabba, aka ce zai biya, an kuma yi amfani da ita ga wanda ya bugi mutum. Tunda lafazin ɗaya ne, sai hukuncin wancan ya haskaka wannan. Sunan wannan ƙa'ida gezera shawa. Ta biyu, Ƙidaya 35:31 ta ce kada a karɓi fansa a kan ran mai kisan kai. Suka ce tunda rai aka keɓe, a kan gaɓoɓi ana karɓa, abin da ɗalibin usulu zai gane da mafhumul mukhalafa. Ta uku hujjar hankali ce: in makaho ya tsiyaye idon wani, me za a cire masa, alhali Attaura ta ce doka ɗaya ce ga kowa? Wasu suka ƙara da cewa wajen cire ido mutum yana iya mutuwa, sai ya zama an karɓi rai da ido a madadin ido. Abin da ke burge ni, ba su share ra'ayin da ya saɓa ba. An ruwaito Rabbi Eliyeza yana cewa ido na gaske ake nufi, suka rubuta maganarsa suka zauna suna tattauna ta.

Gezera shawa ɗaya ce daga ƙa'idoji 7 da ake dangantawa ga Hillel, malamin da ya rayu a ƙarshen ƙarni na 1 kafin Miladiyya. Rabbi Isma'il ya faɗaɗa su zuwa 13, daga baya aka sami jerin 32. Ta farkonsu ita ce kal wa-homer, wato daga mai sauƙi zuwa mai nauyi, daidai da ƙiyasul aula: in an hana ka ce wa iyaye "uf", ina ga duka. Yesu ma da ita ya yi hujja a Matiyu 12, inda ya ce in tunkiyarka ta faɗa rami ranar Asabar za ka ciro ta, to ina ga mutum. An kuma yi wa ƙa'idojin linzami. Kalma guda tana iya maimaituwa sau ɗari a Attaura, in aka sake wa kowa fuska zai haɗa ayar da ya so da wadda ya so, don haka aka ce ba a yin gezera shawa sai wadda mutum ya karɓo daga malaminsa. Talmud na Urushalima ya ba da labarin ranar da aka tambayi Hillel ko ana yanka hadayar Idin Ƙetarewa in ya faɗo ranar Asabar. Ya wuni yana kawo hujjojin ƙiyasi, ba a karɓa ba, sai da ya ce haka ya ji daga malamansa Shemaya da Abtaliyon. Ka ga ke nan isnadi yana gaba da kaifin basira.

A cikin malaman Yahudawa ma akwai mazhaba biyu. Rabbi Akiba yana ganin babu harafi ko maimaici a Attaura da ba ya ɗauke da hukunci. Rabbi Isma'il ya ce Attaura da harshen mutane take magana, in ta maimaita kalma salon magana ne. Irin binciken Akiba shi ne ruhin abin da ake kira midrash, daga tushen da ke nufin bincike da nema. Ma'anar zahiri kuma ita ce feshat, kuma Talmud da kansa ya ce aya ba ta fita daga ma'anarta ta zahiri.

Yanzu ga Kirista da ayar idon nan. A Matiyu 5:38 Yesu ya ambato ta, sannan ya ce kada a rama wa mugu, wanda ya mare ka a kuncin dama ka juya masa ɗayan. Wani mai suna Markiyon, mutumin Sinofe a gaɓar Bahar Aswad, ya ɗora ayoyin biyu gefe da gefe ya ce ba za su fito daga Ubangiji ɗaya ba, don haka a jefar da littattafan Yahudawa baki ɗaya. Cocin Rum ya kore shi a 144. Sai dai korar ta bar wa Kirista aiki: in za su riƙe Tsohon Alkawari, wato littattafan Yahudawan nan, dole su nuna yadda ake karanta shi tare da Linjila. Agustin, bishof na Hippo a ƙasar da yau take Aljeriya, wanda ya rasu a 430, ya amsa cewa dokar ido da ido ba ta zo don rura ramuwa ba, ta zo ta yi mata iyaka ne, kada wanda aka fasa wa ido ɗaya ya kashe rai. A wurinsa maganar Yesu ta ƙarasa tafiyar da dokar ta fara. Yana da ma'auni na gaba ɗaya kuma: duk fassarar da ba ta kai ka ga ƙaunar Allah da ƙaunar maƙwabci ba, ba ka fahimci nassin ba tukuna.

Akwai rabin aya guda da nake son ɗalibaina su sani, Habakuk 2:4, mai adalci zai rayu ta wurin "emuna". Tushen kalmar ɗaya ne da na imani da amana da aminci. A kogunan Kumran kusa da Tekun Gishiri, inda aka fara gano naɗaɗɗun littattafai a 1947, an sami sharhin Habakuk na wata jama'a da ta ware kanta. Salonsu ana ce masa fesher: su kawo aya, su ce "fassararta ita ce", su ɗora ta a kan zamaninsu. Kaldiyawan da annabin ya ambata suka zama Kittim, waɗanda yawancin masana ke ganin Rumawa ne, ayar nan kuma ta zama magana a kan masu kiyaye Attaura da za su tsira saboda wahalarsu da amincinsu ga jagoransu, Malamin Adalci. Bulus, mai wa'azin Kirista na farko-farko, a wasiƙunsa Romawa 1:17 da Galatiyawa 3:11 ya karanta ta a matsayin hujjar cewa da bangaskiya ake samun karɓuwa, ba da ayyukan shari'a ba. Talmud kuma ya ce dokoki 613 aka ba Musa, annabawa suka yi ta taƙaita su, har Habakuk ya tsayar da su a kan wannan guda. Ayar ba ta sauya ba. Na farko yana tambayar me ke faruwa da mu yau, na biyu yana tambayar ta yaya wanda ba Bayahude ba zai shiga, na uku yana tambayar mene ne jigon shari'a.

Babbar hanyar Kirista ita ce karanta abin da ya gabata a matsayin inuwar abin da zai zo. Yusha'u (wato Hosiya) 11:1 ta ce daga Masar na kirawo ɗana, kuma ayar da kanta ta ambaci Isra'ila. Matiyu 2:15 ya ɗora ta a kan dawowar Yesu daga Masar yana jariri. Matiyu ya san da Isra'ila ake, abin da yake cewa shi ne tarihin al'ummar ya maimaitu a jikin mutum ɗaya. Wanda bai yarda da wannan aƙida ba ba zai ga haka a ayar ba, kuma a nan ne ainihin rabuwar take.

Daga inuwa sai aka zarce zuwa baɗini. Wannan gadon Iskandariya ne. Filo, Bayahude masanin falsafar Girka da ya yi zamani da Yesu, ya ce Hajara tana nufin karatun share fage irin su nahawu da lissafi, Saratu kuma hikima ce. Orijin, wanda ya rasu wajen 254, ya gina wa Kirista tsari a kan haka: nassi yana da jiki da rai da ruhu kamar mutum. Ya tambaya, wane mai hankali zai ɗauka an yi yini na ɗaya da na biyu da na uku, da safiya da maraice, alhali sai a na huɗu aka halicci rana? A ganinsa da gangan aka sa irin wannan tuntuɓe domin mai karatu ya haƙa ƙasa. Kada ka ɗauka bai damu da lafazi ba, shi ne ya jera nassin Ibrananci da fassarorin Girkanci a layi 6 don kwatantawa. Amma ga inda hanyar ke iya kai mutum. Farawa 14:14 ta ce Ibrahim ya fita yaƙi da mutum 318. Wani marubucin Kirista na farko ya rubuta adadin da haruffan Girkanci, ya ce 18 farkon sunan Yesu ne, 300 kuma harafi ne mai siffar gicciye. Malaman Talmud suka yi hisabin haruffan sunan Eliyeza, baran Ibrahim, ya ba su 318 cif, suka ce shi kaɗai ya raka shi. Duka biyun sun burge masu sauraronsu, amma ni ban ɗauki ko ɗaya hujja ba, na farkon ma sai a Girkanci yake aiki, harshen da ba da shi aka rubuta Farawa ba.

Malaman Antakiya sun ƙi wannan. Tiyodor na Mofsuwestiya, wanda ya rasu a 428, ya ce in ka rushe tarihi ba abin da ya rage da zai zama inuwar wani abu. Cikin Zabura 150, guda 4 kawai ya yarda suna magana kai tsaye a kan Almasihu, wato ta 2 da 8 da 45 da 110. Majalisar coci ta 553 ta la'anci rubuce-rubucensa, Cocin Gabas mai amfani da Suryananci kuwa ya ci gaba da kiransa Mai Tafsiri. A Turai an daidaita a kan ma'ana huɗu, misalinsu kuma Urushalima: a tarihi birnin Yahudawa, a aƙida coci, a tarbiyya ran mumini, a lahira birnin sama. Yahudawa ma a ƙarshen ƙarni na 13 sun jera nasu huɗun, zahiri da ishara da bincike da sirri. Duk da haka Toma Akwinas, babban malamin Katolika, ya ce ba a kafa hujjar aƙida sai da ma'anar zahiri.

Akwai mutumin da za ka ji kamar ka san shi. Sa'adiya Gawon, haifaffen Fayyum a Masar a 882, ya shugabanci makarantar Sura a Iraƙi, ya fassara Attaura zuwa Larabci, aikin da aka sani da suna Tafsir. Ya ce ana barin aya a kan zahirinta sai in ta ci karo da ɗayan abu huɗu: abin da gaɓoɓi suka shaida, ko hankali, ko wata aya bayyananna, ko ingantacciyar ruwaya. Duk wanda ya karanta bahasin tawili a wurin malaman kalam zai ji ƙamshin zamani ɗaya da gari ɗaya. Ya yi ta fafatawa da Ƙara'iyawa, Yahudawan da suka ƙi ruwayar malamai suka ce nassi kaɗai. A kan ayar ido, Ibn Ezra, malamin tafsirin Yahudawa ɗan Andalus, ya ruwaito hujjarsa: in mutum ya bugi wani ya rage masa sulusin gani, wa zai iya auna bugun da zai rage sulusi daidai, ba ƙari ba ragi? A Faransa kuma Rashi, wanda ya rasu a 1105, ya mai da hankali ga zahiri, jikansa Rashbam ya wuce shi, har ya ce kakan ya faɗa masa da yana da lokaci da ya sake sabon sharhi. Ta hannun Nikolas na Lira, wani malamin coci, karatun Rashi ya shiga wurin Kirista, ya kai ga Martin Luta, jagoran Furotesta.

Hanyar jami'o'in yau daga wannan zuriyar ta fito, sai dai ta sauya tambayar zuwa wa ya rubuta, yaushe, ga su wa. Ibn Ezra ya tsaya a Farawa 12:6, inda aka ce a lokacin nan Kan'aniyawa suna ƙasar, ya ce akwai sirri a nan, mai hankali ya yi shiru. Masanin falsafa Isfinoza a 1670 ya faɗi abin a fili, cewa jumlar ta fi kama da ta wanda ya rayu bayan Musa. A 1753 likita Jan Astruk ya lura Farawa tana musanya sunayen Allah guda biyu, ya ce alamar takardu daban-daban ce. Bajamushe Welhawsen a 1878 ya tsara ra'ayin cewa daga tushe huɗu aka harhaɗa Attaura. Malaman dā sun ga duk waɗannan abubuwa. Sunaye biyun, in ji su, ɗaya na adalci ne ɗaya na rahama. A labarin Nuhu, inda 6:19 ta ce biyu-biyu, 7:2 ta ce bakwai-bakwai, sun ce ƙarin na dabbobi masu tsarki ne saboda hadaya. Masanan yau kuwa suna ta saɓani a kan biyu daga tushe huɗun, don haka kada ka karɓi ra'ayin kamar an rufe ƙofa. Cocin Katolika ya buɗe wa malamansa ƙofar irin wannan bincike a 1943.

Wannan hanya ta ƙara haske a kan ayarmu. A 1901 aka tono dutsen dokokin Hammurabi, sarkin Babila na ƙarni na 18 kafin Miladiyya, a Susa ta ƙasar Iran. A can ma akwai ido a madadin ido, amma tsakanin manya. In idon talaka ne azurfa ake biya, in na bawa ne rabin kuɗinsa. Firistoci 24:22 kuwa ta ce doka ɗaya ga baƙo da ɗan ƙasa.

In ka tambaye ni wa ya fi kusa da manufar ayar, zan ce ka buɗe Fitowa 21 ka ci gaba da karatu, kada ka tsaya a aya ta 24. Aya ta 26 da 27 sun ce in mutum ya fasa idon bawansa ko ya fitar masa da haƙori, zai 'yanta shi a madadin idon, a madadin haƙorin. Kalmar "a madadin" ita ce dai "tahat" da ke cikin aya ta 24, a nan kuwa ba a taɓa idon ubangidan ba. A aya ta 18 da 19 ma, wanda ya ji wa wani ciwo a faɗa an ce ya biya kwanakin da ya yi a kwance, ya kuma ɗauki nauyin jinyarsa. Wannan bai tabbatar da cewa ba a taɓa yin ƙisasi a Isra'ila ta dā ba, lafazin Firistoci 24:20 yana da ƙarfi ƙwarai a wancan ɓangaren. Amma karatun Fitowa 21 ya nuna biyu daga diyya biyar ɗin Mishna suna nan a rubuce cikin surar, ayoyi kaɗan kafin maganar idon.